Sarewar Japan a Hanyar Kurfi

Ranar da Juwairiyya za ta baro Japan, tsohuwar da ta ba ta masauki ta cusa mata wani faifai a aljihun jaka. Wata takwas ta yi a can. Jami'ar da take koyarwa a Dutsin-Ma ce ta tura ta ƙaro ilimi kan noman shinkafa da sarrafa ruwan ban ruwa. Tsohuwar, mai suna Tomiko, mijinta ya daɗe da rasuwa, kuma ta riƙe Juwairiyya kamar 'yar cikinta. Sau ɗaya ta taɓa kai ta wani ɗan zaure inda wata mata ke busa sarewar ƙarfe, wani mutum kuma na kaɗa fiyano.

Juwairiyya 'yar gidan malamai ce. Sautin da ta tashi da shi na karatun allo ne. Kiɗa kuwa sai na biki da ake jiyowa daga maƙwabta, wanda da ka ji ka san inda ya dosa. Wannan na zauren bai yi mata kama da komai ba. A fara, a tsaya, a yi shiru har ka zaci an gama, sai kuma a ci gaba. Ta yi ta fama da idonta, daga ƙarshe gyangyaɗi ya ci ƙarfinta. Tomiko kuwa ta gani.

Da ta dawo gida, kunya ta sa ta saka faifan a rediyon tsohuwar motarta, don in an tambaye ta ta ce ta saurara. Faifan ya shiga, ya ƙi fita. Ta danna duk maɓallin da ke wurin. Mai gyara ya duba, ya ce sai an kwance rediyon gaba ɗaya, ta ce a bar shi. Tun daga ranar ba labarai a motar, ba wa'azi. Ko ta tafi shiru, ko ta ji sarewar Japan. Shirun take zaɓa.

A bazarar shekarar ne Kawu Alu ya faɗi. Yayan mahaifiyarta ne, kuma tun rasuwar mahaifiyar tata, shi kaɗai ya rage mata a wannan ɓangaren. Makiyayi ne da ya yi shekara hamsin bayan shanu. Da daji ya daina zaunuwa sai ya sayar da mafi yawansu, ya bar 'yan kaɗan hannun babban ɗansa Rabi'u, ya koma cikin garin Kurfi da matarsa Gogo. Zaman gari bai karɓe shi ba. Hawan jini ya kama shi, wata safiya ya tashi zai yi alwala ɓarin jikinsa na hagu ya ƙi tashi.

Bayan an sallame shi daga asibiti, likita ya ce sai an riƙa kawo shi gashin ƙashi duk Talata a Dutsin-Ma. Rabi'u babur gare shi, kuma tsohon ba ya iya zama a kan babur. Juwairiyya ta mayar da darasinta na Talata zuwa yamma, ta ɗauki aikin.

Ƙafar ta fara dawowa, bakin ma ya miƙe, amma Kawu ya daina magana. Ba don ba ya iyawa ba. In an gaishe shi ya amsa, shi ke nan. Mutumin da a da in ya fara ba da labarin mashekarin da ya yi a kudu sai an kira salla ake tashi, yanzu sai ya zauna a gaban mota, hannun hagunsa a kan cinya kamar kayan wani da aka ba shi ajiya, yana kallon duwatsun gefen hanya.

A Talata ta uku shirun ya ishe ta. Ta manta, ta murɗa rediyo don ta ji labarai. Sai fiyano ya ɗiga sau uku, sarewa ta biyo shi a hankali. Ta kai hannu za ta kashe.

"Bari," in ji Kawu.

Ta dube shi. Bai dube ta ba. Ya ɗan karkata kai wajen ƙofa, inda sautin ke fitowa. Haka suka tafi har asibiti. Da suka fito za su koma, kafin ta tayar da mota ya nuna rediyon da haɓa.

Sai da suka wuce gonakin bakin gari ya ce, "Juwaira, mutanen ina ne?"

"Mutanen Japan ne, Kawu, can inda na je karatu."

"Suna da shanu?"

"Suna da su, amma ba sa yawo da su kamar mu."

Ya gyaɗa kai. "Na ji. Wannan busar ba ta kiran kowa. Mu in mun busa, ko dabba muke wa, ko ɗan'uwa da ke wancan tudun. Wannan mai busar zaune take, tana kallon wani abu."

"Ya aka yi ka san mace ce?"

"Ban sani ba. Ke kika faɗa yanzu da fuskarki."

Juwairiyya ta yi dariya, shi ma gefen bakinsa ya motsa. Ta san a da yana busa sarewa. Tana ƙarama in an kai su ruga hutu takan ji shi da yamma, amma ba ta taɓa ɗaukar abin da muhimmanci ba.

Daga ranar hanyar Kurfi ta zama aji, ita ce ɗaliba. Kiɗa bakwai ne a faifan, kuma Kawu ba ya yarda a wuce ɗaya sai ya gama da shi. Na farko ya sa ta maimaita sau huɗu.

"Mi kika ji?" ya tambaye ta.

"Sarewa da fiyano."

"Wannan kowa ya ji. Saurari mai ɗigar. Ba ya sauka wuri ɗaya. Ruwa ne ke bin duwatsu, ƙaramin rafi, ba kogi ba. An yi ruwa jiya, yau yana tsanewa. Ita kuma sarewar, ji yadda ta ja numfashi kafin ta shiga. Ba ta ɓoye shi ba. Wanda bai ƙware ba shi ke ɓoye numfashinsa."

Ta saurara. Ga mamakinta, ta ji numfashin. Wata 'yar iska ce siririya kafin sautin, wadda a da take ɗauka ƙarar tayar mota ce. Da ta ji shi sau ɗaya, sai ta kasa daina jin sa. Ta fara sanin lokacin da matar za ta shiga tun kafin ta shiga.

"To shirun fa, Kawu? Shi ne ya sa ni barci a can."

"In kina gindin itace da rana, tsuntsu ya yi kuka ya tsaya, kikan ce ya gama? Jira kike yi. Su ma jira suke sa ki."

Na biyu ya ce balbela ce ke sauka a bayan saniya tana tashi. Na uku ya ce hadari ne da ya haɗu ya watse bai zubar ba. Na huɗu kuwa ya tsayar da shi. Talata biyu suka yi suna jin sa. Fiyanon can sama yake, a hankali, sarewar kuma kamar ba ta son a ji ta.

"Wannan ya fi ƙarfina," ya ce daga baya. "Wani abu ne ke saukowa daga sama, da yawa, amma ba ruwa ba ne. Ruwa in ya taɓa ƙasa yana magana. Wannan yana sauka bai ce komai ba. Ban san shi ba."

A ranar da ta koma gida ta lalubo kwalin faifan a cikin takardunta. Rubutun duk na Japan ne, ita kuwa abin da ta koya bai wuce na gaisuwa da cefane ba. Ta ɗauki hotonsa ta aika wa Tomiko, ta roƙe ta ta fassara mata sunayen. Amsa ta zo washegari, da doguwar murna a gabanta. Tomiko ta ce mawallafin kiɗan yana raye, a wani ƙauye cikin tsaunuka yake zaune, kuma kowane kiɗa abin da ya gani ne a kewayen gidansa cikin shekara guda.

Juwairiyya ta ƙagu Talata ta zo. Tun kafin Gogo ta gama saka masa takalmi ta fara karanto masa.

"Na farko, rafi bayan ruwan sama."

Kawu ya ce, "To."

"Na biyu, iska a cikin gora."

"A'a. Balbela ce."

"Kawu, mai kiɗan ne da kansa ya sa sunan."

"Shi ya san abin da ya gani, ni na san abin da na ji. Karanta na huɗu."

Ba ta karanta ba, don sunan na dusar ƙanƙara ne, abin da Kawu bai taɓa gani ba. Ta buɗe wayarta ta nemo wani ɗan bidiyo da ta ɗauka ta tagar ɗakinta a can, ranar da ta fara ganin dusar ƙanƙara. Ta miƙa masa. Farin abu na sauka a kan rufin gidaje da rassan itace, ba ƙara ko kaɗan. Ya riƙe wayar da hannun dama, ya kawo ta kusa da ido. Gogo ta leƙo ta kafaɗarsa.

"Auduga ce?" in ji Gogo.

"Ruwa ne, Gogo, sanyi ya daskarar da shi tun a sama."

Kawu ya kalla har ya ƙare, ya ce a sake. Sannan ya mayar mata da wayar, ya ce, "Allah mai iko. Mutumin bai yi ƙarya ba. Haka yake sauka."

A asibiti kuwa abin bai tafi daidai ba. Malam Munzali, mai yi masa gashin, ya ja Juwairiyya gefe.

"Dakta, ƙafa ta yi kyau, amma yatsun nan ba sa ci gaba. Na ba shi ƙwallon roba ya riƙa matsawa a gida. Na tabbata ba ya taɓa ta."

Da ta yi masa maganar a mota, Kawu ya ce, "Da furfurata zan zauna ƙofar gida ina matsa ƙwallo, mutane na wucewa? Ya ba jikokinsa."

Ta yi ta juya abin a ranta har Kurfi. Da ta shigar da shi ɗaki, ta samu Gogo a madafa tana dama fura, ta tambaye ta a hankali ko sarewarsa na nan. Gogo ta ajiye ludayi.

"Ranar da aka sallamo shi ya ce in sa ta a murhu. Na ce to." Ta tashi ta shiga ɗakinta, ta buɗe wata tsohuwar kwalla, ta zaro sarewar a naɗe cikin ɗankwali. Ta gora ce, ta yi baƙi saboda riƙo, da huji huɗu. "Da ita ya yi zancena. Ina zan ƙona ta?"

Juwairiyya ta kai masa da murnarta. Ta ce in ya riƙa toshe hujin yana buɗewa, ai ya fi ƙwallo. Kawu ya dubi sarewar, ya dubi hannunsa, fuskarsa ta canza.

"Wa ya aike ki?"

"Kawu, gani na yi..."

"Kin ga ina jin busar wata, sai kika ce bari a kawo wa gurgu tasa a ga yadda zai yi. Ajiye ta ki tafi, kada ki makara wajen aikinki."

Ta ajiye ta a kan tabarma ta fita. Gogo ta raka ta har mota, tana cewa ta yi haƙuri, ciwon ne. Juwairiyya ta ce ba komai. Ta san ta yi gaggawa.

Talatar da ta biyo baya ya shiga mota ya amsa gaisuwa, da ta kai hannu rediyo ya ce a bar shi. Suka je shiru suka dawo shiru.

A hanyarta ta komawa Dutsin-Ma ita kaɗai, hadari ya taso daga gabas. Kafin ta yi rabin hanya ruwa ya kece, har ba ta ganin gabanta. Ta sauka gefen titi ta tsaya. Ruwan ya yi kusan rabin awa sannan ya tsagaita. Ba ta tayar da mota ba. Ta sauke gilashi, ƙamshin ƙasa ya shigo, ta kunna faifan da kanta, karo na farko ba don kowa ba. Kiɗa na shida ne, wanda ba su kai gare shi ba. Ba wanda zai gaya mata abin da ke ciki, kuma ba ta tuna sunan da Tomiko ta rubuta ba. Ruwa na gangarowa daga kan wani faffaɗan dutse yana shiga gonar gero, kwaɗi sun fara. Sarewar ta hau, ta tsaya, Juwairiyya ta tsaya tare da ita. Sai ta tuna mahaifiyarta tana shanya wanki bayan ruwa, tana waƙa ƙasa-ƙasa don kada Malam, mahaifin Juwairiyya, ya ji daga zaure. Ta yi kuka kaɗan, ba mai zafi ba. Da kiɗan ya ƙare ta share fuska ta tafi aji.

Da ta je ɗaukarsa mako na gaba, ta durƙusa ta ce, "Kawu, ka yafe mini. Ban tambaye ka ba na yi."

"Tashi, mu tafi," ya ce.

Sai da suka hau titi ta lura da bakin sarewar yana leƙowa daga aljihun rigarsa. Ta kawar da kai kamar ba ta gani ba. Shi ya nuna rediyon da kansa. Kiɗa na tafiya, ya zaro ta, ya ɗora yatsu a kan hujin, bai kai ta baki ba. Na dama suna tashi suna sauka. Na hagu sai ya kalle su, kamar yana lallashinsu, kafin ɗaya ya ɗaga. Gumi ya tsattsafo masa a goshi. Bai fasa ba har asibiti.

Wata guda yana haka. Gogo ta ce a gida ma haka yake wuni, yana toshewa yana buɗewa, ba sauti. Malam Munzali ya ce bai san abin da aka canza ba, amma kada a daina.

Wata Talata cikin watan takwas, suna dawowa, gari ya yi lumshi, gero ya fi mutum tsawo, Kawu ya ce ta tsaya gindin wata tsamiya. Ta taimaka masa ya fito ya zauna a kan saiwa. Can gaba kaɗan wani garke na kiwo a gefen burtali. Ya sa ta kashe rediyo. Ya goge bakin sarewar da hannun riga, ya yi bismilla, ya busa.

Sautin farko iska ce kawai. Na biyu ya fashe. Na uku ya zauna. Ya ja wata busa da Juwairiyya ta gane tun daga yarinta, sai dai a da gudu take yi kamar maraƙi ya ga uwarsa. Yanzu duk inda aikin ya faɗo kan hannun hagu sai ta tsaya, a yi jira, yatsan ya iso, sannan ta ci gaba. Bai yi ƙoƙarin rufe wuraren ba. Ya bar su a buɗe, har ana jin ganyen tsamiya a cikinsu.

Da ya sauke, numfashinsa na fita da sauri. Ya dubi garken. Ko saniya ɗaya ba ta ɗago ba.

"Ba su san ni ba," ya ce, ya yi dariya, ta farko tun faɗuwarsa. "Da a da ne, in na yi irin wannan tsaye-tsayen gaban mutane, sai in jefar da ita in bar garin. To ga wata can ƙarshen duniya, da hannunta biyu lafiya, tana tsayawa da gangan, har ana sa ta a faifai."

"Ya yi daɗi, Kawu."

"Bai yi ba tukuna. Amma zai yi. Hujin ƙasan nan ya yi wa yatsana nisa. In an yi girbi zan yi wata daidai hannuna."

A ƙarshen damina Malam Munzali ya ce ya isa a riƙa zuwa sau ɗaya a wata. Juwairiyya ta mayar da darasinta na Talata safe, ta koma zuwa Kurfi ranar Asabar. Wani abokin aikinta ya samo mata kiɗan bakwai ɗin a waya, ta saka wa Gogo a tata. Gogo ta ce ita na uku take so, don shi ne ba ya hana ta jin sallama.

Asabar ɗin farko bayan an yanke dawa, ta same su a tsakar gida. Rabi'u ya kawo damin kara ya zube. Kawu na zaune a tabarma ya zaɓi masu kauri, ya rarake cikinsu, Gogo ta sa masa ƙusa a garwashi. Ya danne karan a gwiwa da hannun hagu, ya auna da yatsunsa, ya yi alama da gawayi. Biyu sun riga sun tsage, suna gefe.

"Sannu da aiki, Kawu."

"Yauwa, Juwaira. Zo ki zauna nan. Riƙe mini wancan bakin, kada ki matse."

Ta ajiye jakarta ta riƙe. Ya ɗauko ƙusar da tsumma, ya ɗora a kan alamar. Hayaƙi ya tashi siriri, huji ya fito da kyau. A huji na uku karan ya tsage.

Ya juya shi ya duba, ya jefa wajen 'yan'uwansa.

"Wannan bai gama bushewa ba. Rabi'u, duba ƙasan damin, miƙo mini wancan ja ɗin."